Fitilar Sabis: Lissafin Mota Za A Bi Ko Na Bakanike?

Duk wanda ya saba zama gidan gaba a motocin da ke kai da komo tsakanin Kwanar Dangora, Tudun Wada da Doguwa ya san fitilar nan. 'Yar ƙarama ce, ruwan ɗorawa, a gefen agogon gudu. A Toyota 'yar Amurka rubutu ne, MAINT REQD. A Honda da Peugeot hoton sufana ne. A tsohuwar Golf haruffa uku ne, OEL, suna fitowa a gurbin lambobin kilomita da zarar an murɗa makulli. Wani direban ya liƙe ta da baƙin salatif, wani ya jingina mata katin ɗaurin aure, wani kuwa ya saba da ita har idonsa ya daina ganin ta. In ka yi magana sai ka ji an ce, "Rabu da ita, Malam. Shekaranjiya aka yi juye. Haka take, ba ta mutuwa."

Alhali tana mutuwa, kuma a yawancin motocin nan ko sukuddireba ba a buƙata kafin a kashe ta. Inda gardama take shi ne ko kashewar na da amfani. Masu motoci da kanikawa sun rabu gida biyu. Ɓangare ɗaya na cewa duk sanda aka yi juyen baƙin mai dole a goge lissafin ya koma sifili, sannan a saurari fitilar ta sake kamawa kafin a koma gareji. Ɗaya ɓangaren na cewa wanda ya ƙera fitilar bai taɓa bin hanyar burji a cikin hunturu ba, saboda haka a ƙyale ta a bi kalanda da idon bakanike. Kowane ɓangare na da abin kamawa, shi ya sa maganar ta cancanci a zauna a auna ta.

Kafin a shiga hujjoji, sai an raba fitilu uku da mutane ke yawan cakuɗawa. Akwai ja mai hoton 'yar buta da ɗigo a bakinta. Wannan cewa take yi mai ba ya zagaya inji da ƙarfin da ya kamata, kuma wanda ya gan ta yana tafiya ya gangara gefe ya kashe mota nan take. Akwai ruwan ɗorawa mai hoton inji, wadda ke nuna kwamfutar mota ta hango matsala a wani wuri. Tun 1996 Amurka ta wajabta wa motocin da ake sayarwa a can tsarin OBD-II, mai ramin da ake jona na'ura a ƙarƙashin sitiyari a karanta laifin, Turai kuma ta bi sahu a motocin fetur daga 2001. Ta ukun ita ce tamu, fitilar sabis. Ita ba ta cewa wani abu ya lalace. Tunatarwa ce kawai cewa lokacin juye ya yi.

Yadda take lissafi ya bambanta daga kamfani zuwa kamfani. Ta Corolla da Camry 'yan Amurka tafiya kaɗai take ƙirgawa: idan an ci mil 4,500 daga ranar da aka goge ta, sai ta riƙa ƙiftawa in an tayar da mota, in an kai mil 5,000, wato kimanin kilomita 8,000, sai ta tsaya a kunne. Peugeot 406 tana nuna sauran kilomitar da ta rage kusa da hoton sufana. Honda kuwa, daga wajen 2006, ta koma yin lissafi da juyin inji da zafinsa da yanayin tuƙi, tana nuna sauran ƙarfin mai a matsayin kashi cikin ɗari. In ya sauko kashi 15 sufanar ta kama, in ya kai kashi 5 ta ce a yi sabis yanzu. Dabarar ba sabuwa ba ce, kamfanin BMW ya fara sa irin ta a motocinsa tun farkon shekarun 1980.

Masu cewa a goge fitila a bi ta sun fara ne da hujjar mantuwa. Mota ba ta manta tafiyar da ta yi, mutum kuwa yana mantawa. Ɗauki mutum biyu. Na farko malamin makaranta ne a Kiru, daga gida zuwa makaranta, zuwa masallacin Juma'a, sai ɗan zuwa Kano jefi-jefi. A ce yana cin kilomita 20 a rana, a wata bai wuce kilomita 600 ba. Na biyu direban Sharon ne da ke jigila tsakanin Doguwa da Kano, a ce yana cin kilomita 300 a rana lokacin kaka. Wannan zai cinye kilomita 8,000 cikin kwana 27. Amma in suka je gareji, amsa ɗaya ake ba su: "Duk wata a kawo ta." Ga direban Sharon wata guda ya yi daidai, har ma ya ɗan gota. Ga malamin makaranta kuwa, man da bai yi ko kashi ɗaya cikin goma na aikinsa ba ake tsiyayewa a zubar. Dokar wata-wata ta dace da tasha, amma an ɗora ta a kan kowa.

Daga nan sai su kawo maganar aljihu. Tun da aka cire tallafin fetur ranar 29 ga Mayu, 2023, aka kuma saki darajar naira a watan Yuni na shekarar, komai na mota ya tashi, har da galan ɗin baƙin mai da filta. Mutumin da ke juye sau 12 a shekara, alhali sau 2 ko 3 ya ishe shi, kuɗin takin gonarsa yake zubarwa a ƙasan gareji. Kuma abin ba a nan ya tsaya ba. Wanda aka ɗora wa juye duk wata, kuɗi kuma ba su isa ba, sai ya koma sayen mai na awo mai araha don ya cika ƙa'idar wata. Da ya san sau 3 kacal zai yi a shekara, da ya daure ya sayi mai kyau a rufe.

Hujjarsu ta uku ta fi ƙarfi a wurina. Fitilar da kullum take kunne tana koya wa direba rashin kallon dashbod. Yau ta sabis ce aka ƙyale, gobe ta inji ta kama a ce ai duk haka suke, jibi ja ta mai ta kama, salatif ya rufe rabinta, direba na ta taka totur. Hanyar da ta ratsa dajin Falgore ta nufi Saminaka da Jos ba wurin da ake son inji ya buga ba ne, musamman da yamma da fasinja cike da mota. Dashbod da babu fitila ko ɗaya a kunne shi ne wanda in sabuwa ta kama, ido zai faɗa kanta nan da nan.

Suna kuma cewa a daina raina lissafin irin na Honda. Ba tafiya kawai yake dubawa ba. Motar da ake tayarwa a kashe kafin inji ya yi zafi, ko wadda ake takurawa da gudu da zafi, lissafinta yana saurin sauka fiye da wadda ke miƙe hanya a natse. Bakanike, komai ƙwarewarsa, ba ya cikin motar lokacin da ake waɗannan tafiye-tafiyen. Murza mai tsakanin yatsu a duba baƙinsa kuma ba awo ba ne, domin mai mai kyau yana yin baƙi da wuri saboda yana kwashe dattin inji, a injin dizal ma kwana kaɗan ya isa.

Ɗaya ɓangaren ba su musanta lissafin ba. Abin da suke tambaya shi ne, lissafin wace ƙasa? Fitilar nan kamar yaron da aka ajiye a bakin sito ne yana ƙirga buhuna: zai faɗa maka adadinsu daidai, amma bai san wanne ne masara mai kyau, wanne ne ƙwari suka cinye ba. Kilomita ɗaya a kan kwaltar Kano zuwa Zariya da kilomita ɗaya a kan burjin da ya shiga ƙauyukan Riruwai duk ɗaya ne a wurinta. Daga Nuwamba zuwa Fabrairu hazo da ƙura sun cika sama. Cire iyakilinar motar da ta yi wata tana shiga ƙauye, ka buga ta a jikin taya, ka ga jar ƙasar da za ta zubo. Wadda ta kuɓuce ta shiga inji tana gauraya da mai ne, ta riƙa goge ringi da silinda a hankali. Ga lodi kuma: Golf da aka ƙera don mutum biyar, an ɗora mata buhunan masara daga Doguwa ko shinkafa daga Tudun Wada har bayanta na shafar ƙasa.

A nan suna da shaida daga bakin kamfanonin da kansu. Littafin da ke zuwa da mota yakan ware jadawali na biyu don abin da suke kira tuƙi mai tsanani: hanya mai ƙura, kaya masu nauyi, gajerun tafiye-tafiye, da barin inji na aiki a tsaye na tsawon lokaci. Honda ta rubuta cewa mai tuƙi a wuri mai ƙura ya canza iyakilina duk mil 15,000, wato kilomita 24,000, ba tare da jiran kwamfuta ba. Ke nan kamfanin ya yarda cewa na'urarsa ba ta ganin ƙura. Abin da Turawa ke kira mai tsanani shi ne tuƙinmu na yau da kullum.

Sai maganar abin da ake zubawa a ciki. Lissafin fitila an gina shi ne a kan zaton an zuba irin man da kamfani ya ce, kamar 5W-30 a tsohuwar Corolla ko 5W-20 a Accord. A garejinmu kuwa mai kauri, 20W-50, shi aka fi sani, ban da na awo da ake zubawa a kwalba a bakin titi wanda ba a san asalinsa ba. Hukumar kula da ingancin kaya ta ƙasa, SON, ta sha kama jabun baƙin mai a kasuwanni. Fitila ba ta ɗanɗana mai. Ka zuba na gaske ko na jabu, mil 5,000 za ta ba ka. Haka abin da ke shiga tanki. A Satumba 2016 ƙungiyar Public Eye ta ƙasar Suwizalan ta fitar da rahoto kan yadda ake shigo da man da ke cike da sinadarin salfa zuwa Afirka ta Yamma, ninkin-ba-ninkin abin da aka yarda da shi a Turai, kuma salfa na saurin lalata baƙin mai. A farkon 2022 an shigo da fetur mai yawan sinadarin metanol daga Beljiyam, ya lalata motoci, ya jawo dogayen layuka a gidajen mai. Babu fitilar sabis da ta san an yi haka.

Hujjarsu ta gaba tsufa ce. Motocin da ke hannunmu yawanci sun haura shekara 15, sun gama aiki a wata ƙasa kafin su iso. Tsohon inji yana shan mai, kuma a waɗannan motocin fitilar sabis ba ta auna yawan man da ya rage. Camry ta 2007 zuwa 2009 mai injin lita 2.4 ta yi suna wajen shan mai har kamfanin Toyota ya ɗauki nauyin gyaran wasu a Amurka. Mai irin wannan mota in ya ce sai fitila ta kama zai buɗe bonet, inji zai bushe kafin ranar. Wasu motocin ma agogon kilomitarsu ya mutu tuntuni, wasu an juya shi baya kafin a sayar. Malamin makarantar Kiru da aka kafa hujja da shi, shi ma akwai magana a kansa: a kilomita 20 kowace rana sai ya yi kwana 400 kafin fitilar Toyota ta tsaya a kunne, domin ba ta ƙirga kwanaki. Mai kuwa yana lalacewa ko mota na ajiye, musamman wadda ba ta yin doguwar tafiyar da za ta ƙone danshin da ke taruwa a inji.

Sukan rufe da tambaya guda: galan na mai da sabon inji daga kasuwar Kofar Ruwa, wanne ya fi tsada? Wanda ya yi juye da wuri ya yi asarar 'yan dubbai. Wanda ya makara ya yi asarar mota, wataƙila da sana'arsa.

In aka ɗora hujjojin nan a sikeli, za a ga kowane ɓangare ya ci rabin gardamar. Masu bin bakanike sun tabbatar da cewa fitila ba ta isa ita kaɗai ba. Amma ba su tabbatar da cewa barin ta a kunne na da wani amfani ba. Ƙura da jabun mai da tsufan inji dalilai ne na rage tazarar juye, ba dalilai ne na rufe dashbod da salatif ba. Su kuma masu bin fitila sun tabbatar da cewa lissafi ya fi zato, amma sun yi kuskure da suka mayar da ranar kamawarta ranar zuwa gareji. A hanyoyinmu ranar da ta kama iyaka ce ta ƙarshe, wadda bai kamata mai shiga ƙauye da lodi ya kai ta ba. Fitilar da aka goge ranar juye tana amfanar ko wanda ba ya jiran ta, domin a Honda da Peugeot zai riƙa ganin abin da ya rage, a Toyota kuma in ta kama ya san ya yi sakaci.

Akwai gardama ta biyu da ta ɓuya a cikin ta farko, wato wa zai goge, kuma ko a biya. A Toyota mai makulli, ana kunna dashbod a kai lambobin kan ODO ko Trip A, gwargwadon shekarar motar, a kashe, a danne ɗan maɓallin, a sake murɗa makulli ba tare da tayar da inji ba, a ci gaba da dannewa har layukan su ƙare sifili ya bayyana. A 406 ana danne maɓallin a murɗa makulli, lambobi su sauko daga 10 zuwa 0. Aikin bai kai minti ɗaya ba. Duk da haka akwai garejin da in ka ce a kashe maka, sai a ce, "Alhaji, wannan sai mai kwamfuta," a tura ka wani wuri ka sake biya. Wani lokaci ba cuta ba ce, rashin sani ne. Ogan ya koyi aiki a kan 504 da J5, lokacin da babu irin wannan fitilar, abin da ya sani shi ya koya wa yaransa.

Masu na'ura su ma suna da ta cewa. Da kuɗi suka saye ta, da kuɗi suka koyi aiki da ita, kuma akwai motocin da lissafinsu ba ya goguwa sai an jona. In an jona kuma, sau da yawa ana ganin wasu laifuffukan da mai mota bai san da su ba. Wannan haƙƙinsu ne a biya su. Amma inda yatsa ya isa, gogewa cikon aikin juye ce, daidai da ɗaure noti da mayar da murfi. Ba a cewa a biya kuɗin mayar da murfi daban.

Abin da duk ɓangarorin biyu ya kamata su haɗu su ƙi shi ne gogewar ƙarya. Sauƙin abin shi ne haɗarinsa. Direban da maigida ya ba kuɗin juye zai iya danne maɓalli ya sa kuɗin a aljihu. Dillali zai iya goge fitila ana gobe za a zo ganin mota, ko ya cire kan batir don ta inji ta ɓace na ɗan lokaci. Mai mota da kansa zai iya kashe ta don ta dame shi, da niyyar zai yi juye ranar kasuwa, ranar kasuwa ta zo ta wuce. Goge fitila shaida ce cewa an yi aiki. Wanda ya goge ba a yi ba ya ba da shaidar zur, kuma malamai sun daɗe da bayyana hukuncin ɓoye aibin kaya a ciniki. A nan barin ta a kunne ya fi, domin aƙalla gaskiya take faɗa.

Hukuncin da na ga ya fi dacewa da ƙasarmu shi ne a goge ta duk ranar juye, a gaban mai mota, bayan ya ga an fasa sabon galan an canza filta, ba kafin nan ba. A rubuta kwanan wata da lambar kilomita da sunan man a ɗan littafi a ajiye a aljihun mota, a kuma lura ko agogon mil yake ƙirgawa, domin mil ɗaya kilomita 1.6 ne. Mai tuƙi a kwalta da mai mai kyau zai iya bin fitilar, amma kada ya wuce wata 6. Mai shiga burji da lodi ya tsaya wajen kilomita 5,000, ya riƙa duba iyakilina a hunturu. Kowa kuma ya zare geji da safe kafin ya tayar da inji, domin wannan aikin babu fitilar da za ta yi masa.

Kira ga shugabannin kanikawa na ƙungiyar NATA a Kiru, Bebeji, Tudun Wada da Doguwa: a ware rana ɗaya a tara yaran gareji a nuna musu yadda ake goge lissafin Toyota, Honda, Peugeot da Golf, a kuma koya musu bambancin fitilu ukun nan. Shugabannin tasha na NURTW su ma su sa ido, motar da aka rufe wa dashbod da salatif a sa a ɓare kafin ta ɗauki fasinja. Kai kuma mai mota, in an gama maka juye kada ka karɓi makulli sai ka ga fitilar ta mutu a gaban idonka.